Haɗa Mahaɗin Abinci Mai Tsami da Adana Shi Cikin Kwalba: Daga Fiyar Turai Zuwa Ɗanyen Mangwaro

Gabatarwa

A kudancin ƙasar Amurka, musamman jihohin Jojiya da Alabama da Misisifi, akwai wata bishiya da ake yawan samu a bayan tsofaffin gidajen gona. Ita ce fiyar Turai, 'yar uwar tuffa. Irin da ya fi karɓar wannan yanki mai zafi da laima shi ne wanda ake kira Kieffer, kuma 'ya'yansa suna da tauri, da tsaki-tsaki a baki, ba su da daɗin ci ɗanye kamar sauran. Ga shi kuma bishiyar tana zubo da su gaba ɗaya a ƙarshen lokacin zafi, fiye da abin da iyali za su iya cinyewa. Dabarar da matan manoma suka yi ita ce su yayyanka fiyar ƙanana, su haɗa da albasa da tattasai da sukari da ruwan khal, su dafa, su ɗura a kwalabe, su sake tafasa kwalaben cikin ruwa. Idan sanyi ya shigo sai a riƙa buɗewa ana ci da wake da burodin masara ko nama. Sunan wannan haɗi a can relish. A cikin wannan darasi za mu kira shi mahaɗi.

Wannan bishiya tana buƙatar sanyi mai tsawo kafin ta yi fure, saboda haka ba amfanin gonar yawancin manomanmu ba ce. Amma matsalar da ta haifar da dabarar, mun san ta sarai. Duk wanda ya bi hanyar Makurɗi zuwa Gboko ko ya shiga kasuwannin Zariya a tsakiyar kakar mangwaro ya ga tulin da ke ruɓewa a bakin titi. Manufar wannan darasi ita ce a bayyana yadda ake haɗa mahaɗin da ɗanyen mangwaro, da yadda ake adana shi ya yi watanni ba tare da firiji ba, da kuma dalilin kowane mataki. Dalilin ya fi muhimmanci, domin kuskure a wannan aiki ba asarar abinci kaɗai yake jawowa ba, yana iya kaiwa ga rasa rai.

Wace fiya ake nufi?

Wajibi ne a kawar da wani ruɗani tun da farko. A Nijeriya abubuwa uku ne ke amsa sunan fiya a bakin 'yan kasuwa. Akwai fiyar Turai da muka ambata, wadda ake shigowa da ita manyan kantuna da tsada. Akwai fiya mai maiƙo da ƙwallo ɗaya babba, wadda ake shafawa a burodi, ita ce muka fi sani. Akwai kuma wadda Ibo ke kira ube, da ake gasawa a ci da masara. Ta farkon ce kaɗai ake yin wannan mahaɗi da ita. Sauran biyun maiƙo ne da su, ba su da tsami, kuma ba a adana su a kwalba ta wannan hanya ko da an zuba musu khal. Wanda ya ga tsarin haɗin fiya a wani littafi ya je ya sayo fiya mai maiƙo, ya ɗauko hanyar da ba ta ɓullewa.

Ga mai samun fiyar Turai, tsarin da cibiyar adana abinci ta Jami'ar Jojiya ta gwada shi ne: fiya kimanin lita 7 da rabi, manyan albasa 6, koren tattasai 6, jan tattasai 6, damin seleri 1, sukari kofi 3, gishiri babban cokali 1, kayan ƙanshi babban cokali 1, da khal kofi 5. Akan niƙa su sama-sama, su kwana a firiji, a dafa, a ɗura a kwalabe masu cin rabin lita, a tafasa kwalaben minti 20 a wuraren da ba su da tudu. Ba za mu tsaya a kansa ba, sai dai a lura da yawan khal ɗin, kofi 5 cur. Ba don ɗanɗano kaɗai aka sa shi haka ba.

Tsami shi ne mai gadin kwalba

Tun shekarar 1810 wani Bafaranshe mai suna Nikolas Appert ya wallafa hanyar rufe abinci a kwalba a tafasa shi, ya daɗe bai lalace ba. Shi kansa bai san dalili ba, domin a lokacin ba a gano aikin ƙwayoyin cuta ba tukuna. Yanzu an sani cewa zafi yana kashe ƙwayoyin da ke ruɓar da abinci, murfi kuma yana hana sababbi shiga. Sai dai akwai ƙwaya guda da tafasa ba ta gamawa da ita, wato Clostridium botulinum. Wani masani ɗan ƙasar Beljiyam, Emile van Ermengem, shi ne ya gano ta bayan wasu mutane sun ci gurɓataccen nama a shekarar 1895.

Wannan ƙwaya tana cikin ƙasa, a gonakinmu da lambunanmu, tana maƙale a jikin albasa da tattasai da duk abin da ya taɓa turɓaya. Idan yanayi bai yi mata ba takan dunƙule cikin wani ƙwanso mai tauri, ta yi kwance. A wannan hali ba ta cutar da babban mutum. Ƙwanson yana jure zafin tafasasshen ruwa, wato digiri 100 a ma'aunin Salshiyas, na tsawon sa'o'i. Ba a hallaka shi sai da tukunyar matsin tururi da ke kai zafi digiri 116 ko fiye. Ƙwayar tana farkawa ne idan ta samu wuri mai danshi, marar iska, marar tsami. Rufaffiyar kwalba kuwa ta cika sharuɗɗa biyu na farko. Idan ta farka sai ta fitar da guba mai shanye jijiyoyi, kuma sau da yawa gubar ba ta canza launi ko wari ko ɗanɗanon abincin.

To, ashe abin da ya rage a hannunmu shi ne sharaɗi na uku. Masana suna auna tsami da ma'aunin pH, wanda lambarsa ke raguwa gwargwadon ƙaruwar tsami. Ƙwayar ba ta iya tsiro idan lambar ta kai 4.6 ko ƙasa da haka. Albasa da tattasai da tafarnuwa duk suna sama da wannan iyaka, fiya mai maiƙo ma ta haura 6. Ɗanyen mangwaro yana ƙasa da iyakar sosai, amma yayin da yake nuna tsaminsa yana raguwa, har nunanne yakan ƙetare ta. Saboda haka aikin khal a cikin mahaɗi shi ne ya ratsa albasa da tattasai ya jawo su ƙasa da 4.6, ita kuma tafasar kwalba ta kashe fumfuna da sauran ƙwayoyi masu jure tsami, ta kori iska, ta kama murfi. Kowanne da aikinsa, ɗaya ba ya maye gurbin ɗaya.

Daga nan ne dokoki uku suka fito. Ba a rage khal, ba a ƙara ruwa, ba a ƙara albasa ko tattasai fiye da yadda aka auna. A wani taron horar da ƙungiyar mata da na halarta, wata dattijuwa ta ɗanɗana haɗin ta yamutsa fuska, ta ce a gidanta da ɗan jiƙon kanwa za ta kashe wannan tsami, kamar yadda take yi wa miyar tumatir ko yakuwa. A girkin yau da kullum ta yi daidai. A cikin kwalba kuwa, kanwa da bakin soda su ne manyan abokan gaba, don suna kashe ainihin abin da ke tsare abincin. Wanda tsami ya yi wa yawa ya ƙara sukari. Sukari yana rufe tsami a harshe ba tare da ya rage shi a kwalba ba. Haka nan ba a sa man gyaɗa, ko manja, ko daddawa, ko garin kifi, ko gari don a yi kauri. Mai son su ya zuba a faranti lokacin ci.

Zaɓen mangwaro da khal

A nemi mangwaron da ya ƙosa amma bai fara nuna ba: ɓawonsa kore shar, jikinsa da tauri kamar ɗanyen dankali, cikinsa fari ko mai ɗan kore. Wanda ya fara laushi ko cikinsa ya yi ruwan ɗorawa sosai a ware shi a sha. Irin da ba su da zare da yawa, kamar Kent da Keitt da Julie, sun fi daɗin yanka, amma na gida ma yana yi in dai ɗanye ne. An fi son wanda aka tsinko da hannu. Wanda iskar farkon damina ta kaɗo ana iya amfani da shi a ranar, matuƙar bai fashe ba, a yanke inda ya bugu a zubar.

Akwai wata riba ta gefe da mai lambu zai so ya sani. Ƙudan 'ya'yan itace na Asiya, wanda aka fara gani a Afirka a ƙasar Kenya cikin shekarar 2003 kafin ya bazu zuwa yammacin nahiyar, ya fi kai wa mangwaro hari idan ya doshi nuna. Duk abin da aka tsinke da wuri don wannan aiki ya fi samun tsira daga tsutsa.

Ruwan da ke fita daga hancin ɗanyen mangwaro da ɓawonsa yana sa wasu mutane ƙaiƙayi da ƙuraje, domin dangin yazawa ne. A sa safar hannu ta roba, kada a taɓa ido ko leɓe ana cikin fira.

Khal kuwa sai wanda aka rubuta 5% a jikin kwalbarsa, fari ko na tuffa. Idan babu rubutun, ko lambar ba ta kai 5 ba, a bar shi. Khal ɗin da ake haɗawa a gida, da jiƙon tsamiya, da ruwan lemun tsami da aka matse, duk suna da tsami, amma babu mai iya cewa nawa ne, kuma yana bambanta daga yau zuwa gobe. Ba a gina wannan aiki a kan kintace.

Kayan aiki

Ana buƙatar tukwane biyu. Ta dafa haɗin ta kasance ta ƙarfen da ba ya tsatsa ko mai fenti wadda ba ta ɓantare ba. Tukunyar alminiyam, musamman irin wadda maƙera ke zubawa daga tarkacen ƙarafa, tsami yana cin jikinta, ya baƙanta abincin, kuma yana iya jawo dalma idan akwai ta a cikin tarkacen. Ta biyun, ta tafasa kwalabe, kowace iri ce ta yi, in dai tana da murfi da zurfin da ruwa zai shanye kwalaben.

Batun kwalba shi ne ya fi ba mutanenmu wahala. Kwalba mai murfi biyu da ake amfani da ita a Amurka, wadda ta samo asali daga ƙirar John Mason ta shekarar 1858, ba kasafai ake samunta a kasuwanninmu ba. Abin da ke hannun jama'a shi ne kwalaben mayonis da na jam. Ana iya amfani da su idan gilashi ne, bakinsu bai tsage ko ya ɓantare ba, amma da sabon murfin ƙarfe mai roba a ciki, wanda ya dace da bakin. Robar tsohon murfi ta riga ta lotsa, ba a dogara da ita karo na biyu. A ganina ya fi kyau ƙungiya ta haɗa kuɗi ta sayo sababbin murafe da yawa a wurin dillalan kwalabe kafin kaka ta kama, maimakon kowa ya yi ta tsince-tsince. Wanda bai samu sabon murfi ba yana iya yin mahaɗinsa, amma ya ajiye a firiji ya cinye cikin makonni kaɗan. Robobi ba sa shiga wannan aiki sam.

A zaɓi ƙananan kwalabe masu cin kimanin mililita 240. Lokutan da za a bayar a ƙasa nasu ne, kuma ƙaramar kwalba iyali na iya cinye ta a zama ɗaya ko biyu.

Kayan haɗi

Kofin da ake nufi shi ne mai cin mililita 240, ba gwangwanin madara ba. Wannan awo zai cika ƙananan kwalabe 6.

Ɗanyen mangwaro yankakke, kofi 6 (manya 3 zuwa 4)
Jan tattasai yankakke, kofi 1 da rabi
Albasa yankakkiya ƙanana, rabin kofi
Dakakken busasshen barkono, rabin ƙaramin cokali
Tafarnuwa, ƙaramin cokali 2
Ɗanyar citta, ƙaramin cokali 2
Sukari, kofi 1
Khal mai ƙarfin 5%, kofi 1 da kwata (mililita 300)
Ruwa mai tsabta, rabin kofi

Rabin cokalin barkono zai yi wa bakin Bahaushe kaɗan. Busasshen barkono da busassun kayan ƙanshi irin su kanumfari da masoro ana iya ɗan ƙara su ba matsala. Mai son ɗanyen attarugu kuwa sai ya rage tattasai daidai da abin da ya ƙara, jimlar ta tsaya a kofi 1 da rabi.

Yadda ake haɗawa

A wanke kwalabe da ruwa da sabulu, a ɗauraye, a bar su cikin ruwan zafi har lokacin ɗuri, domin zuba abu mai zafi a kwalba mai sanyi yana fasa ta. A wanke mangwaro da kayan lambu sosai. A fere mangwaron, a yanka shi ƙanana, kowane yanki kimanin santimita ɗaya. Kada a markaɗa. Idan haɗin ya yi kauri kamar kunu zafi ba ya ratsa tsakiyar kwalba yadda ya kamata.

A zuba dukkan kayan a tukunya, a ɗora a wuta mai ƙarfi ana juyawa har sukari ya narke, haɗin ya tafasa. Sai a rage wuta, a bar shi minti 5. Zai yi kamar bai dahu ba, amma akwai sauran dahuwa a kwalba.

A ɗebi tsakin da cokali mai huji a zuba a kwalba mai zafi, sannan a bi da romon har ya rufe shi, a bar sarari kimanin faɗin yatsa ɗaya, wato santimita 1 da ɗan ɗori, tsakanin abinci da bakin kwalba. A zura tsinken roba ko na katako mai tsabta ta gefe-gefe a fitar da kumfar iska. A goge bakin kwalba da tsumma mai tsabta mai danshi, domin ɗigon sukari ɗaya yana hana murfi kamawa. A ɗaura murfi ya zauna daram, amma ba da ƙarfin tsiya ba, saboda iska tana buƙatar hanyar fita yayin tafasa.

Tafasa kwalabe

A shimfiɗa wayar gashi ko tsumma mai kauri a gindin babbar tukunya don kada kwalba ta zauna a kan ƙarfe kai tsaye. A zuba ruwa a ɗumama shi ya yi zafi sosai amma bai kai ga tafasa ba. A jera kwalaben a tsaye, ruwa ya haura murafensu da santimita 3 zuwa 5. A rufe tukunya a ƙara wuta. Ba a fara ƙidaya lokaci sai ruwan ya tafasa yana ɓulɓula sosai. Idan itace ya ci ya ƙare tafasar ta tsaya, to, a gyara wuta a sake ƙidaya daga farko. Saboda haka a tanadi itace ko gawayi isasshe, da agogo a kusa.

Tsawon lokacin ya danganta da tudun gari. Yayin da ake hawa sama nauyin iska yana raguwa, ruwa yana tafasa kafin ya kai digiri 100. A Jos, mai tsayin kimanin mita 1,200 daga teku, yana tafasa ne a wajen digiri 96. Don haka:

Garuruwan da ba su wuce mita 300 ba, kamar Legas da Makurɗi da Lakwaja: minti 10.
Daga mita 300 zuwa 1,800, kamar Abuja da Kaduna da Zariya da Kano da Jos: minti 15.
Sama da mita 1,800, kamar wasu ƙololuwan tsaunin Mambila: minti 20.

Wanda bai san tudun garinsu ba ya ɗauki minti 15.

Idan lokaci ya cika a janye wuta, a buɗe tukunya, a jira minti 5, sannan a tsamo kwalaben a miƙe, a jera su a kan tsumma ko katako nesa da iska da daɓen siminti mai sanyi. Kada a kifa su, kada a ƙara ɗaure murfi, kada a taɓa su har sa'a 12 zuwa 24. Akan ji ɗan ƙara "ƙwas" yayin da suke hucewa, alamar murfi ya kama ke nan.

Dubawa da ajiya

Washegari a danna tsakiyar kowane murfi da yatsa. Wanda ya lotsa ciki bai motsa ba ya kama. Wanda ke sama da ƙasa bai kama ba. Ko dai a sake dafa abin da ke ciki a tafasa da sabon murfi kafin sa'a 24 ta cika, ko a ci shi nan take. A goge kwalaben, a manna takarda mai ɗauke da sunan abin da ranar da aka yi shi.

A ajiye a wuri mafi sanyi da duhu a gidan, nesa da murhu da kwanon rufi. A ƙasashe masu sanyi akan ba shi shekara guda. A zafinmu na bazara, inda ɗaki kan haura digiri 35, launi da ɗanɗano suna saurin dusashewa, don haka shawarata ita ce a cinye cikin wata shida. Ɗanɗanon yakan fi daɗi bayan mako biyu zuwa uku, idan khal da citta sun ratsa mangwaron. Yana tafiya da shinkafa da wake, da dafaffiyar doya, da dambu, da tsire ko gasasshen kifi. Da zarar an buɗe kwalba ta zama kamar kowane abinci: a sa a firiji, inda babu firiji kuwa a cinye a ranar ko washegari, kuma da cokali mai tsabta ake ɗiba.

Masu niyyar sayarwa su sani cewa abincin da aka rufe a kwalba don kasuwa yana buƙatar rajistar hukumar NAFDAC, kuma ya kamata su mallaki na'urar auna pH su riƙa gwada kowane dahuwa.

Kafin a buɗe kowace kwalba a duba ta. Idan murfi ya kumbura ko ya saki, ko romo ya tsiyayo ta gefe, ko ana ganin kumfa tana tasowa, ko fumfuna, ko abin ya feso da aka buɗe, kada a ɗanɗana ko da a kan harshe ne. Kada a ba kaji ko awaki. A naɗe kwalbar yadda take a leda, a binne ta da zurfi inda yara da dabbobi ba za su tono ba, a wanke hannu da sabulu. Alamun gubar sukan bayyana ne tsakanin sa'a 12 zuwa 36 bayan ci, wani lokaci su ɗauki kwanaki: ganin abu biyu-biyu, saukar fatar ido, nauyin harshe, wahalar haɗiya, sai kasala mai saukowa daga kafaɗa zuwa ƙasa har ta kama numfashi, galibi ba tare da zazzaɓi ba. Duk wanda aka ga haka gare shi a garzaya da shi babban asibiti ba tare da jiran gari ya waye ba, a gaya wa likita abin da ya ci, a tafi da sauran kwalbar da duk waɗanda suka ci tare da shi.